Asta Nielsen: Jarumar da Aka Sayar da Finafinanta Kafin a Ɗauke Su

A shekarar 1909, mai gidan sinima a Jamus da awo yake sayen fim, kamar yadda tela ke sayen yadi. Kamfani ya faɗi kuɗin mita ɗaya, a auna tsawon zaren fim, a biya. Ba a tambayar wa ya fito a ciki, domin yawancin kamfanoni ko sunayen 'yan wasa ba sa rubutawa. Abin da ake nunawa a dare ɗaya kuwa tarin gajerun abubuwa ne: barkwanci na minti biyar, jirgin ruwa yana shiga tasha, ɗan guntun labarin soyayya, sai wani sarki yana duba faretin soja. Bayan kwana uku ko huɗu a sauya. Wanda ya gama nuna nasa sai ya sayar wa na ƙaramin gari da rahusa, shi ma ya miƙa wa na gaba, har zaren ya kakkarce ya tsinke. Kasuwa ta cika da gwanjo, farashi ya faɗi ƙasa, masu shirya fim suka rasa inda za su mayar da kuɗinsu. Kamfanin Pathé na Faransa, wanda shi ne babba a duniya a lokacin, ya riga ya daina sayarwa ya koma bayar da haya tun 1907, amma ciwon bai warke ba. Muddin fim kaya ne da kowa zai iya samun irinsa a gidan da ke kallon naka, babu dalilin da zai sa wani ya biya shi da tsada.

Maganin da aka samo a Jamus bayan shekara biyu ya zo ne da sunan wata mata 'yar ƙasar Denmak, Asta Nielsen. An saba ba da tarihinta a matsayin labarin baiwa, kuma baiwar tana nan, za mu zo kanta. Sai dai mu abin da ya fi ɗaukar hankalinmu shi ne yadda fuskarta ta haɗu da wata dabarar kasuwanci a daidai lokacin da kowannensu ke buƙatar ɗan'uwansa, da kuma yadda duniyar da ta ba da damar wannan haɗuwa ta rushe tun tana raye.

An haife ta a Copenhagen ranar 11 ga Satumba 1881, a gidan talakawa. Uban maƙeri ne da aiki ke yawan kuɓuce masa, uwar tana wankau. Sun yi wasu shekaru a Malmö ta ƙasar Suwidin kafin su dawo, kuma uban ya rasu tana da shekara 14. Ta samu shiga makarantar koyon wasa ta gidan wasan kwaikwayo na masarautar Denmak, sai ga ta da ciki ba aure. A 1901 ta haifi 'yarta Jesta, ta riƙe ta da taimakon uwarta da yayarta, kuma har ta mutu ba ta bayyana wa jama'a sunan uban yarinyar ba. Shekarun da suka biyo baya ta yi su a kan dandamali, a gidan wasa na Dagmar, sannan yawon wasa a ƙasashen maƙwabta, sannan gidan Det Ny Teater. Ana ba ta matsayin tsofaffi da na ban dariya. Ta kusa shekara 30 ba ta zama kowa ba.

A wannan gidan wasa na ƙarshe ta haɗu da Urban Gad, mai tsara dandamali, ɗan manyan mutane. Shi ya rubuta labari ya kuma ba da umarni, wani mai gidan sinima da ake kira Hjalmar Davidsen ya zuba kuɗi, suka ɗauki fim cikin kwanaki kaɗan a lokacin zafi na 1910. Sunansa Afgrunden, wato rami mai zurfi. An fara nuna shi a sinimar Kosmorama ranar 12 ga Satumba 1910, washegarin cikarta shekara 29.

Labarin ba wani abin a zo a gani ba ne. Magda malamar fiyano ce, ta haɗu da ɗan wani limamin coci a taragon lantarki, ya gayyace ta gidansu a ƙauye, sai ayarin masu wasan dawakai ya sauka a garin, ta gudu da ɗaya daga cikinsu. Mutumin mayaudari ne. Rayuwa ta yi ta gangarawa da ita har ta daɓa masa wuƙa, 'yan sanda suka fito da ita. Irin wannan labari an yi shi sau ɗari kafin ita. Abin da ba a saba gani ba shi ne yadda ta yi wasan. 'Yan wasan wancan zamani daga dandamali suka zo, inda dole na kujerar baya ya gane kana baƙin ciki, don haka sai ɗaga hannu sama, dafe ƙirji, zare ido. Ita ta fahimci cewa kyamara tana kusa, ba ta buƙatar a yi mata ihu. A fitowar ƙarshe, lokacin da ake saukowa da ita daga matakala, kusan babu abin da ke motsi a fuskarta, tana tafiya kamar mai tafiya cikin barci, kuma wannan rashin motsin ne ke kama mai kallo. Akwai kuma rawar da ta yi suna, inda ta ɗaure abokin wasanta Poul Reumert da igiya tana jujjuya jikinta a nasa cikin matsattsiyar riga. Masu tace finafinai a wasu ƙasashe sun sa almakashi a wurin, wanda hakan, kamar yadda aka saba, ƙara wa fim ɗin kasuwa ya yi.

Fim ɗin ya doshi minti 40, tsawon da a lokacin ake ganin ya yi wa mai kallo yawa. Wani dillalin fim a Düsseldorf, Ludwig Gottschalk, ya sayi haƙƙin nuna shi a Jamus baki ɗaya, ya fito da shi a ƙarshen 1910 da sunan Abgründe. Ya ƙi sayar da kwafi ko ɗaya. Abin da ya yi shi ne ya ba gidan sinima guda a kowane gari izinin nunawa na wani lokaci, babu wani maƙwabci da zai samu, kuma makon farko ya fi na biyu tsada, na biyu ya fi na uku. Jamusawa suka kira wannan tsari Monopolfilm, fim na mallakar mutum ɗaya. Duk wanda ya taɓa biyan kuɗin lasisin manhaja ya san wannan dabara: kayan bai zama naka ba, izinin amfani ka saya. Mai gidan sinima yanzu yana da abin da zai buga a jarida ya ce sai a wurina, yana kuma iya ƙara kuɗin tikiti. Fim ɗin ya yi makonni ana cika gidaje.

Amma dabarar tana da rauni ɗaya. Idan za ka nemi mutum ya biya kuɗi mai yawa kan fim guda, dole ka ba shi tabbacin jama'a za su zo. Mene ne tabbacin? A nan ne sunan 'yar wasa ya zama jari. A ƙarshen watan Mayun 1911, a Frankfurt, Asta Nielsen da Urban Gad suka sa hannu a kwantiragi da wasu 'yan kasuwa, cikinsu har da Paul Davidson na kamfanin PAGU, mai jerin gidajen sinima, da Christoph Mülleneisen daga Köln. Aka kafa kamfani na musamman don rarraba finafinanta a duniya. Za ta riƙa yin kimanin fim 8 a kowace kaka, tana da albashi tana kuma da kaso a riba. Aka sa wa abin suna jerin finafinan Asta Nielsen, kuma mai gidan sinima ba ya zaɓar wanda yake so a ciki. Jerin gaba ɗaya zai ɗauka, ya ɗaure kansa tun kafin a ɗauki yawancin finafinan, wani lokaci bai san ko labarin ba. Sayen kifi a ruwa ke nan, kuma mutane suka yi layi suna saye, saboda sunan da ke kan takardar.

A Amurka ma a daidai wannan lokaci an fara tallata 'yan wasa da sunansu, Florence Lawrence ita ce misalin da aka fi kawowa, a 1910. Max Linder na Faransa ya riga ya yi suna da gajerun finafinan barkwanci. Inda Nielsen ta bambanta shi ne dogon fim na labari, da kuma yadda aka gina tsarin haya na shekara guda cur a kan mutum ɗaya. Hollywood ta yi amfani da irin wannan ɗaurin gwarmai na shekaru masu yawa daga baya, har sai da kotun ƙolin Amurka ta hana shi a 1948.

Kada mu manta da lissafin ƙasa. Denmak a lokacin ba ta kai mutum miliyan 3 ba, Jamus kuwa tana da kimanin miliyan 65. Nielsen ta yi wasu finafinai biyu a gida a 1911, ɗaya da Fotorama ɗaya da Nordisk, duka tare da Valdemar Psilander, amma kuɗin da kasuwar suna kudu. Ta koma Berlin, ta auri Gad a 1912. A watan Fabrairun wannan shekarar aka buɗe wani sabon ɗakin ɗaukar fim mai rufin gilashi a Babelsberg, bayan gari, wanda kamfanin Bioscop ya gina, kuma fim na farko da aka ɗauka a ciki nata ne, Der Totentanz, rawar mutuwa, da Guido Seeber a bayan kyamara. Babelsberg na nan har yau ana aiki a cikinsa. Jamusawa suka daina kiran cikakken sunanta, sai dai “die Asta”, kamar 'yar gida. Aka sa wa gidajen sinima sunanta, har da wani a Düsseldorf tun 1911.

Abin da ya sa kayan ya iya ƙetare iyaka cikin sauƙi shi ne rashin murya. Fim na wancan zamani hoto ne zalla, sai allunan rubutu da ake saƙalawa tsakanin fitowa da fitowa don a faɗi abin da aka ce ko inda ake. Idan za a kai shi wata ƙasa, a yanke allunan Jamusanci da almakashi, a manna na Rashanci ko Turanci ko Fotugisanci, shi ke nan. Mu masu rubuta manhaja mun daɗe muna koya wa juna cewa a ware kalmomi a fayil dabam da sauran aikin domin fassara ta zo da sauƙi, ga shi masu fim sun yi hakan da gam da almakashi tun kafin yaƙin duniya na farko. Kiɗa ma a wurin ake yin sa, mai fiyano na garin ya buga abin da mutanensa suka saba ji. Don haka matar da ke magana da Jamusanci mai karin harshen Denmak ta zama 'yar gari a Budapest, a Moscow, a Amsterdam. A Ingila kamfanin Walturdaw ne ya rarraba jerin. Masu bincike na Jami'ar Trier, ƙarƙashin Martin Loiperdinger, sun bi tsofaffin jaridu suna tattara tallace-tallacen finafinanta na kafin 1914, suka same su har a Ostareliya, New Zealand, Brazil da tsibiran Indonesiya da Holan ke mulka a lokacin. Mu da muka tashi muna kallon finafinan Indiya ba tare da jin Indiyanci ba, muna kuka inda ya kamata a yi kuka, ba sai an yi mana dogon bayani kan yadda fuska ke tafiya inda harshe bai je ba.

Ita kuma ba ta bari an ɗaure ta a matsayi ɗaya ba, kuma a ganinmu wannan ne ya sa jerin bai gundiri mutane ba. Yau 'yar talaka ce da aka yaudara, gobe 'yar gwagwarmayar neman 'yancin zaɓe ga mata a Die Suffragette na 1913, jibi tauraruwar fim da ke faɗa da furodusoshi a Die Filmprimadonna. A Engelein, ƙaramar mala'ika, tana da shekara 32 ta fito a matsayin budurwa 'yar 17 da ke shigar yarinya 'yar 12 don a yaudari wani kawu mai dukiya. Marubucin nan ɗan Hangari, Béla Balázs, a littafinsa na 1924 kan fasahar fim, da fuskarta ya kafa hujja cewa sinima tana da harshenta na kanta.

Wuri ɗaya ne ya ƙi buɗuwa: Amurka. Masu tacewa a can sun tsananta wa finafinanta, tsarin rarraba fim na ƙasar yana hannun kamfanonin gida, kuma irin ƙarshen da take so, inda jaruma ke mutuwa ko a tafi da ita kurkuku, bai dace da abin da kasuwar ke nema ba. Kafin 1914 wannan bai dame ta ba, domin Turai ce cibiyar fim a duniya.

Yaƙi ya sauya wannan lissafi. Da ya ɓarke a watan Agustan 1914, iyakokin da gwangwanayen fim ke ratsawa suka rufe. Fim ɗin Jamus ba ya shiga Faransa, Ingila ko Rasha. Ta koma Denmak, ta dawo Berlin a 1916 ta yi wasu finafinai, aurenta da Gad ya mutu. Kafin a sa hannu a sulhu, finafinan Amurka sun cike gurbin da na Turai suka bari a Kudancin Amurka, Ostareliya da Asiya, kuma ba su sake tashi ba. A gida Jamus, an kafa UFA a Disambar 1917 da hannun gwamnati da bankuna, ya haɗiye PAGU. Zamanin da 'yan kasuwa uku ko huɗu za su zauna a Frankfurt su gina kasuwar duniya a kan mace ɗaya ya wuce.

Abin mamaki, mafi kyawun aikinta bayan nan ya zo. Ta yi Rausch da Ernst Lubitsch a 1919. Sannan ta kafa kamfaninta, Art-Film, ta zuba kuɗinta a Hamlet, wanda ya fito a 1921 da umarnin Svend Gade da Heinz Schall. Mata sun sha fitowa a matsayin Hamlet a dandamali, Sarah Bernhardt ma ta yi. Nielsen ta bi wata hanya dabam: ta ɗauki ra'ayin wani Ba'amurke, Edward Vining, wanda a littafinsa na 1881 ya yi hasashen cewa halayen Hamlet na mace ne. A fim ɗinta, sarauniya ta haifi mace a lokacin da ake jin sarki ya faɗi a fagen yaƙi, sai ta shelanta cewa namiji ne don kada sarauta ta bar gidan. Yarinya ta girma cikin kayan maza, tana son Horatio ba ta da bakin faɗa, tana kishin Ophelia a kansa, shi kuma bai gane ba sai da ya rungumi gawarta. Masana Shakespeare sun yi ta gunaguni, jama'a kuwa sun cika gidaje. Idan mai karatu fim ɗaya kawai zai nema a cikin nata, wannan muke ba shi shawara. Siririya cikin baƙaƙen kaya, gashi a yanke, tana zaune a kan matakalar fada kamar wadda duniya ta ishe ta, tana da shekara 39 amma ba ka tuna shekarunta.

A 1925 G. W. Pabst ya haɗa ta da wata yarinya 'yar Suwidin mai shekara 19, Greta Garbo, a Die freudlose Gasse, titin da babu farin ciki, labarin yunwa da tsadar rayuwa a Vienna bayan yaƙi, inda mata ke kwana a layin mahauci. Nielsen ce babbar tauraruwa a takarda. A cikin wannan shekarar Garbo ta shiga jirgin ruwa zuwa Amurka ta kama aiki da MGM. Da aka sake fitar da fim ɗin a Amurka a shekarun 1930, don cin kasuwar sunan Garbo, an datse shi sosai har labarin Nielsen ya kusa ɓacewa daga ciki. Almakashin da ya kai ta duniya shi aka sa aka cire ta.

Sai murya ta zo. Daga 1927 zuwa 1930 allunan rubutu suka mutu, kowane fim ya zama ɗan harshe ɗaya. Kamfanoni suka shiga ruɗani, har suna ɗaukar fim guda sau biyu ko uku da harsuna dabam-dabam: Der blaue Engel na 1930 an yi shi da Jamusanci an kuma yi da Turanci, Paramount ta buɗe sutudiyo a Joinville kusa da Paris don wannan aiki kaɗai. Emil Jannings, wanda ya ci kyautar Oscar ta farko ta jarumi, ya tattara ya bar Hollywood ya koma Jamus. Ana yawan cewa murya ce ta kashe sana'ar Nielsen. Mu muna ganin wannan ya yi sauƙi da yawa, domin tun tsakiyar shekarun 1920 tana yawo a dandamalin Jamus tana wasa da Jamusanci, mutane suna biya suna kallo. Shekaru sun ja, masana'antar tana neman 'yan mata, matsayin da ake ba ta ya koma na matan da duniya ta gama da su, kamar a Dirnentragödie na 1927. Fim ɗaya tak ta yi mai murya, Unmögliche Liebe, soyayyar da ba za ta yiwu ba, a 1932. Abin da murya ta kashe shi ne irin tauraron da ba shi da ƙasa.

Bayan 'yan watanni 'yan Nazi suka hau mulki. Yahudawan da suka gina masana'antar da ta yi aiki a ciki suka fara gudu. Gwamnatin tana son tsofaffin sunaye su ƙawata ta, kuma a yadda ita ta ba da labari, an gayyace ta shan shayi da Hitler ya nemi ta dawo fim, ta ƙi. Ta bar gidanta na hutu a tsibirin Hiddensee, wanda ta sa wa suna Karusel, ta koma Copenhagen a 1937.

Gida bai yi mata tarbar da ta dace ba. A Denmak ta wancan lokaci sai da lasisin hukuma ake buɗe gidan sinima, kuma an saba ba tsofaffin 'yan wasa a matsayin abin dogaro a tsufa. Ta nema sau da dama, ba a ba ta ba. Tsohon mijinta Urban Gad kuwa ya shafe sauran rayuwarsa yana gudanar da sinimar Grand a birnin. Ta koma rubutu da haɗa hotuna da ƙyallaye. Tarihin rayuwarta ya fito cikin juzu'i biyu a 1945 da 1946. Jesta, 'yar da ta riƙe ita kaɗai tun 1901, ta kashe kanta a 1964. A 1970, tana da shekara 88, Nielsen ta auri wani dillalin kayan zane, Christian Theede, suka yi ɗan yawon duniya tare. Ta rasu a watan Mayun 1972 tana da shekara 90.

Ta yi finafinai fiye da 70, kuma kaso mai yawa daga ciki babu su. Zaren fim na lokacin da sinadarin naitiret ake yin sa, yana kama wuta da ɗan zafi, idan an ajiye shi kuma yana narkewa ya zama gari. Tsarin hayar da ya ɗaukaka ta shi ma ya taimaka: tun da kwafi na kamfani ne, yana dawowa hannunsa bayan ya gama zagaye, kuma da kasuwar fim maras murya ta mutu babu wanda ya ga amfanin biyan kuɗin ajiya. Na Der Totentanz wani yanki ne ya rage. Wasu kuwa sunansu kawai muka sani, daga tallan jarida da ke cewa za a nuna su ranar Asabar a wani gari. An gano wani kwafin Hamlet mai launi a 2005, cibiyar adana finafinai ta Frankfurt ta gyara shi, aka nuna a bikin finafinai na Berlin a 2007. Afgrunden ya tsira, amma da tabo: a wasu wurare naitiret ya ci hoton, fararen ƙuraje suna tafasa a kan allo, Magda tana ɓacewa a cikinsu tana sake fitowa.